Usur Ɗin Da Ba A Busa Ba

Hannun gem na uku ke nan da Tsani ya fasa cikin wata guda. Wannan karon bango ya maka wa, robar ta tarwatse, batir ɗaya ya gangara ƙarƙashin kujera, ɗayan ya faɗa cikin kofin shayin da ya huce tun safe. A talabijin kuwa ɗan wasansa na kwance yana riƙe da baki, wani ƙato mai jar riga na tsaye a kansa, ko a jikinsa.

"Sau huɗu ke nan," in ji Tsani, shi kaɗai a falo. "Sau huɗu yana zuba masa gwiwar hannu a haƙora."

Matarsa ta leƙo daga kicin, ta dubi bangon, ta dubi mijin nata, ta koma ciki. Ta riga ta faɗi abin da za ta faɗa tun ranar da ya fasa na farko. Cewa ta yi, ita ba ta damu da bango ba, fargabarta ranar da abin da ya jefa zai sami mutum.

Tsani ba sunan yanka ba ne. A filin ƙwallon kwando aka laƙaba masa, zamanin da yake miƙa hannu ya ajiye ƙwallo a raga kamar mai ɗora kaya a kan kanta. Yanzu gyaran fanka yake yi da naɗin waya, a wani ɗan shago da dole sai ya sunkuya kafin ya shiga. Ƙafarsa ta dama ta gajarce, akwai ƙarfe a ƙugunsa, kuma ba ya taku goma ba tare da sanda ba. Ƙanensa direba ne ya kawo masa na'urar gem ɗin tsaraba, wai don ta ɗebe masa kewa. Da ya san abin da ya shigo da shi gidan, da ya bar ta a kanti.

Domin Tsani bai ɗauki abin wasa ba. Kwana biyu ya yi yana ƙera ɗan wasa guda a ciki: ya ba shi tsayinsa, ya ba shi lamba goma sha huɗu, ya ba shi har ɗan gemun da yake da shi a da. Ya kuma ba shi ƙafafu biyu lafiyayyu. Duk lokacin da 'yan kwamfuta suka bangaje wannan ɗan wasa, a jikin Tsani abin yake sauka. Su kuwa kamar an aiko su, ba sa minti biyu ba su yi masa ƙeta ba. Alƙalin cikin gem ɗin yakan busa, a ba shi jifa biyu, amma jifa biyu ba ya huce masa zuciya.

A ɗakin baya mahaifinsa yake. Shekara biyu ke nan da dawowarsa gidan, tun rasuwar mahaifiyar Tsani. Tsakaninsu sai ina kwana, lafiya lau, an ci abinci, na ci. Tsani ne ke sayen maganinsa, shi ya saka masa fanka mafi kyau a shagon, bai taɓa ɗaga masa murya ba. Amma bai taɓa zama ɗaki ɗaya da shi na minti biyar ba, kuma kowa a dangi ya san dalili.

Baba ya yi shekara talatin yana alƙalancin ƙwallon kwando, har sunan Alƙali ya bi shi. Abin alfaharinsa a duniya ɗaya ne, cewa ba a taɓa samun wanda ya ce ya karkata ba. Shekara goma sha biyu da suka wuce aka zo wasan ƙarshe na gasar gari, kuma wata babbar ƙungiya ta turo mutum biyu takanas su kalli Tsani. Alƙalin da aka sa ya kwanta rashin lafiya da safen, aka roƙi Baba ya karɓa. Tun kafin a jefa ƙwallo sama 'yan kallo suka fara gunaguni, wai yau za mu ga yadda uba ke yi wa ɗa alƙalanci. Baba ya ji su sarai, kuma maganar ta shige shi fiye da yadda ya kamata ta shigi babban mutum.

A ɗaya ɓangaren akwai wani mai tsaron baya da ake kira Buldoza. Ba shi da wata gwaninta, amma ba wawa ba ne. Ya fara gwada ruwa: ya zuba wa Tsani gwiwar hannu a haƙarƙari, ya waiga ya dubi alƙali. Shiru. Ya taka masa ƙafa da gangan ya murza. Shiru. Daga nan ya gane kasuwa ta buɗe. Ya tsone masa ido, ya fasa masa leɓe har jini ya ɓata gaban rigarsa, ya shaƙo wuyansa ta baya ya fizgo shi ƙasa. Kowace Tsani sai ya tashi ya dubi mahaifinsa, shi kuwa sai ya kaɗa hannu, a ci gaba.

Ta shida ita ce ta ƙarshe. Tsani ya yi sama zai zura ƙwallo, Buldoza ya sunkuya ya shiga ƙarƙashinsa ya kwashe ƙafafun. Tsani ya juya a iska ya sauko da ƙugu a kan siminti. Waɗanda ke layin gaba sun ce sun ji ƙarar kamar an karya busasshen reshe. Ba a busa usur ba. Buldoza ya ɗauki ƙwallon ya miƙa, suka ruga suka ci, Tsani na kwance yana ihu, ƙafarsa ta juya inda ƙafa ba ta juyawa.

A asibiti, da ya farfaɗo, ya tambayi mahaifinsa. Baba ya ce, "Ban gani ba. Tsautsayi ne." Haka ya faɗa wa mahaifiyar Tsani, haka ya faɗa wa hukumar wasa, haka ya ci gaba da faɗa. Ya rataye usur ɗinsa a ƙusa bai sake alƙalanci ba, amma bai canza maganar ba. Tsani ya haƙura da ƙafar tuntuni, ya haƙura da babbar ƙungiya, har Buldoza ma ya daina mafarkinsa. Abu ɗaya ya rage yana cinsa: yana so ya ji tsohon nan ya buɗe baki ya ce ya gani.

Washegarin fasa hannu na uku, ya kai kukansa wurin Mai Walda, maƙwabcin shagonsa. Mai Walda irin mutanen nan ne da ba a taɓa tambayarsu abu su ce ba su sani ba.

"Kai ma dai da wahalar da kai," ya ce, yana ɗaga baƙin gilashinsa zuwa goshi. "Ai gyara shi ake yi. Shiga saiti, za ka ga wurin fawul. Duk abin da ka gani da hoton usur a gefe, ja shi baya har ya ƙure. Sifili."

"Shi ke nan za su daina?"

"Za su koma kamar masu neman aurenka. Har hanya za su dinga ba ka."

"Ka taɓa gwadawa?"

"Ni da nake cin su da maki arba'in? Me zan yi da shi? Amma na sani."

Ranar Asabar Tsani ya rufe shago da azahar, ya biya ya sayi sabon hannu, na huɗu. Matarsa ta tafi kai ɗinkin da ta gama. Gidan tsit, sai rediyon Baba da ke magana ƙasa-ƙasa a ɗakin baya. Ya jingine sandarsa a hannun kujera, ya miƙe ƙafar mai ciwo a kan ɗan tebur mai gilashi, ya shiga saiti.

Layuka ne jere, kowane da ɗan ƙulli a tsakiya da ake ja hagu ko dama. Ya sami masu hoton usur, guda biyar: na turi, na riƙo, na bugun hannu, na tare hanya, na bangaza. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya ja har ƙarshe. Akwai wani shafi a gaba, mai hoton 'yan wasa biyu kafaɗa da kafaɗa, amma bai buɗe shi ba. Mai Walda usur ya ce.

Mintunan farko har murmushi ya yi. Wasa na tafiya, ba tsayawa, ba busa. Lamba goma sha huɗu ya ci biyu, ya sake cin biyu. Sai ƙaton nan mai jar riga ya taho da gudu ya bangaje shi da kafaɗa, ya zube. Tsani ya saki maɓalli yana jiran usur. Ba a busa ba, jajayen suka kwashi ƙwallo suka ci.

Ya gyara zama. Ya karɓi ƙwallo ya nufi raga, aka sare masa hannu kamar ana saran itace. Shiru. Ya sake zuwa, biyu suka matse shi, ɗaya ya riƙe riga, ɗaya ya zuba gwiwar hannu a wuya. Shiru. 'Yan kallon cikin talabijin na ta tafi abinsu. Garin neman gira an rasa ido: da ana dukansa a biya shi da jifa biyu, yanzu dukan kawai ake yi. Gumi ya jiƙa masa baya, ƙugunsa ya ɗauki zugi kamar yau aka sa ƙarfen.

Bai ji fitowar Baba ba. Tsohon ya fito ne ɗiban ruwan shan magani, da kofinsa a hannu, kuma a ƙa'ida wucewa yake yi kansa a ƙasa. Yau sai ya tsaya a bayan kujera. Duk duniya in ana wasa ƙwallo ake kallo, amma tsohon alƙali alƙali yake kallo, kuma abin da ya gani ya hana shi wucewa.

"Wannan ai riƙo ne," ya ce a hankali, kamar da kansa yake.

Tsani bai waiga ba.

"Ga bangaza kuma. Me ya sami alƙalin nan?"

"Na gyara ne," in ji Tsani ta cikin haƙora. "Na rage fawul."

Baba ya matso, ya ƙanƙance ido. Shekara goma sha biyu bai yi maganar ƙwallo da kowa ba, sai ga bakinsa ya kuɓuce masa. "A'a, ba fawul ka rage ba. Su ba ka taɓa su ba, yadda suke haka suke. Alƙalin ka rufe wa baki. Nemi inda ake rage musu zafin jiki, can ne gyaran yake. Amma wannan da ka yi, ai ka sakar musu mara ne. Ɗan wasa in ya yi ta farko ya ji shiru, to ta biyu sai ta fi ta farko."

A daidai nan lamba goma sha huɗu ya yi sama. Mai jar riga ya shiga ƙarƙashinsa, ƙafafun suka tashi, ya sauko da gefe ya kwanta. Tsani ya danna maɓallin tsayarwa. Hoton ya daskare: ɗan wasansa a ƙasa, ƙaton a kansa, alƙali mai riga zane-zane tsaye a layin baya, taku uku daga raga, hannuwansa a gefe.

"Wataƙila bai gani ba," in ji Tsani. Muryarsa ta yi sanyi ƙwarai.

"Haba. Dube shi fa," in ji Baba, har da nunawa da kofi. "Yana layin baya, ba kowa tsakaninsa da su, idonsa na kansu. Duk wanda ya tsaya a nan, ba yadda za a yi a ce bai..."

Ya sauke kofin. Rediyo na ta magana a ɗakin baya.

Tsani ya juyo a hankali. "Ƙarasa mana, Baba."

"Bari in sha magani."

"Ranar nan a ina ka tsaya?"

"Abin da ya wuce ya wuce."

"A ina ka tsaya? Ina kwance ina kallon takalminka. Taku uku. In na miƙa hannu zan taɓa shi."

Baba ya dubi kofin da ke hannunsa. Leɓensa ya motsa, ya sake motsawa, sannan abin da ya saba fitowa ya fito. "Tsautsayi ba ya wuce ranarsa. Ni ban..."

Tsani bai san lokacin da hannun gem ya bar hannunsa ba. Hannun da ya yi shekaru yana jefa ƙwallo daga tsakiyar fili bai manta saiti ba. Abin ya sami tsohon a girar hagu da wata ƙara mara daɗi, kofin ya tashi, Baba ya yi baya ya daki bango, ya sulale ya faɗo a kan teburin. Gilashin ya fashe a ƙarƙashinsa.

Da a nan Tsani ya tsaya, da ya ce kuskure ne, wataƙila har shi kansa ya yarda. Bai tsaya ba. Ya yunƙura ba sanda, ya ja ƙafar ya isa kansa, ya cakumi wuyan rigarsa da hannu biyu ya ɗaga shi sama. Tsohon ba nauyi, kamar buhun da aka zazzage. Jini na zuba daga girar ya rufe masa ido ɗaya, yana bin kumatu yana shiga baki.

"Haƙarƙari ba ka gani ba?" Ya jijjiga shi. "Ƙafa ba ka gani ba? Ido fa? Jinin da ke rigata, shi ma ba ka gani ba?" Kowace tambaya sai ya haɗa bayansa da bango, hoton bikin auren Tsani da ke rataye ya faɗo ya fashe. "Don kada a ce Alƙali ya karkata. To ba a ce ba. Ga ni nan, ba a ce ba."

Baba bai kare kansa ba, bai ma ɗaga hannu ba. Ƙugun Tsani ne ya raba faɗan. Ƙafar ta lanƙwashe, suka zube tare a cikin fasasshen gilashi, wani yanki ya shige tafin hannun Tsani har ya ji shi a ƙashi. Ya kwanta yana haki, fuskarsa dab da ta mahaifinsa. A nan ya ga yadda tsohon ya tsufa, ya ga fatar wuyansa inda ya shaƙa ta yi ja, sai tsoro da kunya suka rufe shi lokaci guda.

Haka matarsa ta same su. Ledar da ke hannunta ta faɗi. Ta yi salati, ta tsallake gilashin, ta cire ɗankwalinta ta danna a girar Baba, ta tallafo shi ya zauna ya jingina da kujera.

"Baba, me ya faru? Wa ya yi maka wannan?"

Ba mijinta take kallo ba, kuma da gangan ne. Tsani ya runtse ido yana jira. Ya san in tsohon ya faɗa, zuwa gobe dangi kaf sun ji, ƙanensa zai zo ya ɗauke mahaifinsu, shi kuma har ya mutu sunansa wanda ya daki ubansa. Ya san kuma ya cancanta.

"Santsi ne, 'yata," in ji Baba. "Ruwa na zubar, na taka. Shi kuma garin tare ni ya faɗi. Ban ma ga yadda aka yi ba. Tsautsayi ne."

Tsani ya buɗe ido. Muryar ce dai, kalmomin ne dai, har yadda yake kawar da kai. Shekara goma sha biyu yana tsanar wannan magana, yau ga ta an shimfiɗa masa ita ya kwanta a kai. Ba abin da zai yi sai shiru, shi ke nan ya tsira. 

"Ƙarya ne," ya ce.

"Kai, rufe bakinka," in ji Baba.

"Ni na jefe shi. Na shaƙe shi, na buga shi da bango." Ya ja jiki ya zauna, jini na ɗiga daga hannunsa. "Baba, kada ka sake yi mini wannan. Wancan karon ka yi shiru an karya ni. Yanzu kuma za ka yi shiru in zama Buldoza? Ka ce in an ji shiru ta biyu sai ta fi ta farko. Ka gani. Don Allah ka ce ka gani."

Tsohon ya daɗe yana kallonsa da ido ɗayan da ke buɗe. Sannan ya ce wa surukarsa, "Shiga ɗakina. A ƙusa, bayan ƙofa."

"Baba, asibiti za mu. Wannan sai an ɗinke."

"Za mu je. Ɗauko tukuna."

Ta kawo usur ɗin. Igiyar ta koɗe, ƙarfen ya dushe. Baba ya goge shi a rigarsa, ya sa a baki, ya busa. Ƙarar ta fito a shaƙe, amma ta cika falon. Ya ɗaga hannu ya nuna Tsani, yadda yake yi a fili.

"Wannan ta yau ce. Da gangan ka yi, kuma na gani."

"Na yarda," in ji Tsani.

Baba bai cire usur ɗin ba. Ya sake busawa, ya ce, "Haƙarƙari." Ya busa. "Ƙafa." Ya busa. "Ido." A ta huɗu hawaye ya fara gauraya da jinin. "Leɓe. Na ga jinin, har na kai usur baki, na ji wani ya ce ga shi nan zai fara, sai na sauke." Ya busa ta biyar. "Wuya."

A ta shida numfashinsa ya ƙare. Ya ja iska, tari ya sarƙe shi, usur ɗin ya faɗo kan ƙirjinsa. Matar ta ce ya isa haka, Baba, ya isa. Ya girgiza kai yana laluben igiyar, yatsunsa sun kasa kamawa.

Tsani ya matso a kan gilashin. Ya sa lafiyayyen hannunsa ya tallafi bayan mahaifinsa, ya ɗauki usur ɗin da hannun da ke jini ya mayar masa a baki, ya riƙe masa. Ya jira tarin ya lafa. Tsohon ya tattara abin da ya rage masa, ya busa ta shida, doguwa, har maƙwabta suka fara ƙwanƙwasa ƙofa.